Adashi da idon mutane: me ya sa ba ma fashin zubi?

Uwar Adashi, Gwammaja:
Assalamu alaikum jama'ar gida. Tambaya gare ni, kuma abin da ya faru da mutum a karan kansa nake son ji, ba "an ce" ba. Ni ke riƙe da adashin matan layinmu, mu goma sha biyu, zubin Juma'a-Juma'a. Akwai wata a cikinmu, in ta ajiye dubu biyar a ƙarƙashin katifa, kafin a ce me sun narke: magi, kuɗin Islamiyya, ɗan maƙwabciya ba lafiya. Amma ranar zubi ba ta taɓa fashi ba, ko da kuwa sai ta kai atamfarta wurin dillaliya. Ita kaɗai ba ta iya tari, a cikinmu kuwa ta fi kowa cika alkawari. Ni a ganina ido ne ya yi mata yawa. Wa ya taɓa ganin irin wannan a kansa?

Ɗan Kasuwar Sabon Gari, Kano:
Wa alaikumus salam Hajiya. Ai ni ne matar nan taki, sai dai namiji. Tun ina yaron shago maigidana ya sa ni a adashin 'yan layinmu, bai ma tambaye ni ko ina so ba. Zubin kullum ne bayan la'asar, kwasa sati-sati. Mai karɓa yana bi rumfa-rumfa da ɗan littafinsa, kuma a bainar jama'a yake tsayawa ya kira sunanka. In ka ce "sai gobe", duk na zaune a benci ya ji. Waɗannan da suka ji ɗin, su ne dai za ka je wajensu ka ɗauki kaya bashi, ba takarda ba shaida. To wa zai yarda a ji? Kwasata ce na haɗa da abin da maigida ya sallame ni da shi na kama rumfa.

Abin da ba na mantawa shi ne gobarar 2016. Cikin dare wuta ta cinye rumfuna masu yawa, har da na mutum uku a adashinmu. Ba wanda ya kira taro. Wanda kwasa ta zo kansa a satin ya ce a ba ɗaya daga cikinsu, shi ya koma baya. Na biye da shi ma ya yi haka. Da abin ya zo kaina, wallahi ina da buƙata, kuɗin haya ya taso, amma mutum biyu sun riga sun buɗe hanya, ina zan sa fuskata? Na bayar. Har yau in an yabe ni a kan wannan, sai in ji rabin yabon na waɗancan biyun ne.

Malamar Firamare, Zariya:
Alhaji, Allah ya saka da alheri, amma ku bari in ɗan ɓata muku. Idon nan da ke sa mutum tari, shi ne dai ke sa shi ɓarna. Duk bikin da ya taso a ƙungiyarmu sai an fitar da anko. In ba ki yi ba, ba wadda za ta ce miki uffan, a hoto ne za a ga ke kaɗai ce daban. Ga kuma littafin gudummawa. Ranar bikin ƙanwata, innarmu ta zaunar da yarinya da biro tana rubuta wa ta kawo nawa, domin ranar nasu ba a mayar da daidai abin da aka kawo, sai an ɗora, wasu ma ninkawa suke. Tun da aka cire tallafin fetur a watan Mayun 2023 albashi ba ya kai tsakiyar wata, amma ina gani malama 'yar'uwata ta kwashi adashin da ta yi niyyar sayen keken ɗinki da shi, ya tafi a leshi da kuɗin liƙi. Kuma ba sakarya ba ce, tana da lissafi sarai. Tsoron "kar a ce" ne ya ci keken.

Uwar Adashi, Gwammaja:
Malama, ba ki yi ƙarya ba. Shi ya sa ranar kwasa nake tambayar mace me za ta yi da kuɗin, a gaban sauran. In ta faɗa da bakinta cewa injin markaɗe za ta saya, da wuya ta dawo mana da anko.

Jikan Mai Goro, Sabo Ibadan:
Mu nan Sabo abin ya wuce adashi, a kansa aka gina unguwar. Tun wajen 1916 aka ware wa Hausawa wurin, kuma harkar goro da ta shanu duk a kan maigida ta tsaya. Baƙo ya taso daga Arewa da shanunsa, bai san kowa ba, ba ya jin Yarbanci. Sai ya sauka gidan maigida. Shi zai ba shi masauki da abinci, ya haɗa shi da dillali, ya ajiye masa kuɗinsa. Mahauta kuwa bashi suke ɗaukar shanun, sai sun yanka sun sayar su biya. Wa ya san mahaucin da ke biya da wanda ke kwana da kuɗin mutane? Dillali. In mahauci ya ƙi biya, maigida ne zai cika daga aljihunsa don kar sunansa ya ɓaci a Arewa, shi kuma mahaucin ya gama ɗaukar saniya bashi a wannan kara.

Abin da na gani da idona: ɗan ƙanin babana aka turo mana daga gida, wai ya gagari kowa. Bai daɗe ba aka fara ganinsa a sahun farko da asuba. Ba wa'azi aka yi masa ba. Ya dai lura cewa wanda ba a gani a masallaci ba a aikensa da kuɗi, wanda ba a aika kuwa zai daɗe yana ɗaurin huhun goro a kan ladan yini. Yanzu shi ke kai kuɗin maigida banki. Ko shiriyar ta kai zuci, wannan tsakaninsa da Ubangijinsa. Maƙwabtanmu Yarbawa ma suna da nasu, esusu da ajo, kuma su ma sun fi yi a tsakanin 'yan sana'a ɗaya.

Ma'aikaci a Abuja:
Ni kishiyar labarinku gare ni. Lokacin wahalar takardun kuɗi a farkon 2023, da aka canza fasalin naira, adashin ofishinmu ya tsaya cak. Sai wani ya saka ni a na guruf a waya, mutum ashirin, zubi ta banki, kowa ya ɗora hoton rasit. Ban san fuskar ko mutum biyar ba. Zagaye bai kai rabi ba, biyu da suka riga suka kwasa suka fice, lambarsu ta daina shiga. Daga baya muka gano ɗayansu. A unguwarsu yana cikin wani adashin, shekara da shekaru bai taɓa fashi ba, har misali ake kafawa da shi. Mu ne dai ba mu san gidan surukansa ba.

Malam Mai Allo, Haɗeja:
Jama'a, ina karantawa ina jin kamar mun mayar da komai kunyar mutane. Akwai wanda ko a daji shi kaɗai ba zai ci haƙƙin wani ba, kada mu manta da shi. Amma ku duba aya ta 282 a suratul Baƙara, wadda ta fi kowace aya tsawo a Alƙur'ani. A kan bashi take, ta ce a rubuta, a kafa shaidu, kuma muminai aka yi wa umarnin. Ke nan ba aibi ba ne mutumin kirki ya nemi idon da zai taimake shi. Ɗan'uwa na Abuja, Allah ya mayar maka da alheri.

'Yar Maraɗi:
Sannunku da hira. Mu nan Nijar akwai Mata Masu Dubara, tsarin da ƙungiyar agaji ta CARE ta faro a jihar Maraɗi a 1991, daga baya ya bazu ƙasashe da yawa. Ina cikin ta garinmu. Ba kwasa ake bi da bi ba, zubi ake tarawa cikin akwatin ƙarfe, mai buƙata ta ranta ta maido, ƙarshen zango a raba. Akwatin kwaɗo uku gare shi, makullan hannun mata uku daban-daban, mai ajiyar akwatin kuwa ba ta riƙe ko ɗaya. Ba a buɗewa sai kowa na zaune bisa tabarma, a ƙirga da ƙarfi kowa na ji. Wadda ta makara akwai tara. Sa'ad da na shiga dala ashirin, wato sefa ɗari, nake zubawa a sati, kuma ko magana gaban mutane ban iya ba. Da yake dole kowace ta miƙe ta faɗi abin da za ta yi da rance, a hankali bakina ya buɗe. Bara ni mata suka tura wajen magajin gari kan maganar famfonmu da ya lalace. Maigidana har yanzu tsokanata yake, wai akwati ya koya mini surutu.

Amarya a Kubwa:
Hajiya, ni sabuwar zuwa ce, aure ya kawo ni. Gidan haya ne mai geti, ko maƙwabciyata ban sani ba. Ina son shiga adashi amma labarin yayanmu na sama ya tsorata ni. Ta ina zan fara?

Uwar Adashi, Gwammaja:
'Yata, Allah ya ba da zaman lafiya. Ki fara da neman mutane tukuna: Islamiyyar matan aure, gidan mai kitso, gidan suna in an gayyace ki. In kin samu wadda ta san ki ta san ƙofar gidanki, ita za ta tsaya miki. Hannun ƙarshe za su ba ki, kar ki ji haushi, haka ake yi wa kowace baƙuwa. In kin zuba zagaye guda cif suna kallo, a na biyu za a matso da ke gaba. Ki shiga da hannu ɗaya, na abin da ko maigida bai ba ki komai ba a satin za ki iya fitarwa. Kuma ki tambaya tun farko ko uwar adashin kwasar farko take ɗauka ko wani abu take cira, don kowane wuri da tsarinsa.