Neman shawara: in ajiye koyarwa in rungumi rubutun fim?

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin dan Allah a ɓoye sunana. Ni malamin firamare ne amma rubutun fim ne a raina, kuma tunda na kalli Bron, fim mai dogon zango na haɗin gwiwar ƙasashen Suwidin da Denmak, na bi tarihin marubucinsa Hans Rosenfeldt, wlh na kasa sukuni. Mutumin nan ya yi direba, ya yi koyarwa kamar ni, har horar da dabbobin ruwa ya yi a gidan zu na garinsu Borås, ya gwada fitowa a wasan kwaikwayo, ƙarshe rubutu ya ɗaga shi. To ni me nake jira? Ina so in ajiye aiki in zauna in rubuta nawa, ga iyali. Ku ba ni shawara.

Amsa ta farko:
Wa alaikumus salam Malam. Ka karanta tarihin amma ka tsallake tsakiyarsa. An haife shi 1964, Bron bai fito ba sai 2011, wato yana da shekara 47. Tsakanin nan me yake yi? Rubutun haya. Yana cikin waɗanda suka rubuta Rederiet, wani shiri na gidan talabijin ɗin gwamnatinsu SVT a kan kamfanin jiragen ruwa, da aka yi ta nunawa daga 1992 har 2002, kashi sama da 300. Irin wannan aikin ba ruwan furodusa da ko ilhama ta zo maka ko bata zo ba, ranar da aka ce ka kawo to ka kawo, kuma taurarin ba kai ka ƙirƙire su ba, haka za ka sa musu magana a baki ta dace da halinsu. A nan hannunsa ya faɗa, kuma biyansa ake. Kai wa zai biya ka in ka ajiye alli?

Amsa ta biyu:
Ni dai ƙanena kar ka saki reshe ka kama ganye, hutun makaranta kaɗai ya ishe ka ka gama kashi na farko.

Amsa ta uku:
Ku bar zancen aiki tukuna, shi labarin naka mene ne? Dubi yadda Bron ya fara, an ɗauke wutar gadar Öresund da ta haɗa birnin Malmö na Suwidin da Copenhagen na Denmak, da ta dawo sai ga gawa a shimfiɗe daidai layin iyaka, da aka zo ɗagawa ashe rabi biyu ce ta mata daban daban, sama 'yar siyasar Suwidin ƙasa kuma wata 'yar Denmak, dole 'yan sandan ƙasashen biyu su yi aiki tare ko suna so ko basa so. Ka ga cikin numfashi ɗaya na gaya maka shi. Shi ya sa aka saye shi aka sake yi a iyakar Amurka da Meziko, aka yi na Ingila da Faransa, duk a 2013. In naka baya faɗuwa haka to da sauranka.

Mai tambaya:
Hmm Yaya ka taɓa ni. Nawa sai na yi minti goma ina bayani mutum bai gane inda na dosa ba.

Amsa ta huɗu:
Kuma fa ba shi kaɗai ya yi ba, Måns Mårlind da Björn Stein suna cikin waɗanda aka ƙulla labarin da su, Camilla Ahlgren ta rubuta kashi da dama. Ko littattafansa na bincike, mafi yawansu tare da Michael Hjorth suka rubuta su. Da ya tafi yi wa 'yan Ingila fim mai dogon zango Marcella a 2016 ma sunan da ya riga ya yi ne ya buɗe masa ƙofa. Nemi wani mai rubutu ka zauna a ƙarƙashinsa ko da gyaran hira ne ya dinga ba ka.

Mai tambaya:
Na gode, Allah ya saka. To akwai wanda ya san marubucin da ke neman mataimaki? Asabar da Lahadi ina da lokaci, a taimaka a yi min magana ta wajen admin.