Ladan kuturu da bakin mai wa'azi

Rifkatu: Salama a gare ku. Jiya a ajin nazarin Littafi Mai Tsarki muna kan Matiyu 22, inda Yesu ya ce a ba Kaisar abin da yake na Kaisar, a ba Allah abin da yake na Allah. Sai wani dattijo ya yi murmushi ya ce, "Ku dai tuna, kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski." Daga nan ya ja bakinsa ya yi shiru. Ni fahimtata ita ce, ikkilisiyar da ta karɓi kuɗin gwamnati ta sayar da bakinta. Maigidana ya ce ba haka ake amfani da maganar ba. Iyaye da malamai, ku raba mana gardama.

Malam Bitrus: 'Yar'uwa, maigidanki ya fi ki kusa da asali. Maganar cika alƙawari ce. Wanzami ya ga mutumin da idonsa, ya san larurarsa, ya miƙa hannu ya karɓi lada, to ba shi da damar ya zo daga baya yana yatsina fuska. Karɓar ladan ba laifi ba ne a cikin karin maganar, laifin shi ne ci da ƙin aiki. In za a ɗora ta a kan ikkilisiya, ma'anarta ke nan: idan kun karɓi tallafi don asibiti ko makaranta, ku kula da kowa ba tare da tambayar addininsa ba, ku kuma buɗe littafin kuɗi a duba. Ban ga maganar toshe baki a ciki ba.

Baba Ishaya: Bitrus ɗana, ka tsallake kalmar da ta fi nauyi, wato "dole". Kafin ya karɓa, wanzami ɗan kansa ne. Bayan ya karɓa kuwa, mai lada ke faɗin inda aska za ta bi. A watan Yuli na 1933 fadar Paparoma ta sa hannu a yarjejeniya da gwamnatin Hitler. An yi wa Katolika alƙawarin 'yancin sujada da kare makarantunsu, su kuma suka amince limamansu su cire hannu daga siyasar jam'iyya. Ga lada, ga aski. Ba a je ko'ina ba gwamnati ta fara take nata ɓangaren, har a 1937 Paparoma Pius na 11 ya aika da wasiƙar kuka, aka shigar da ita ƙasar a ɓoye aka karanta a majami'u. Masu kare yarjejeniyar suna cewa ita ce ta ba ikkilisiya takardar da za ta riƙe tana ƙorafi. Wataƙila. Amma ni na tsufa ban ga wanda ya yi ciniki da mai bindiga ya karɓi canjinsa daidai ba.

Yohanna: Baba, da girmamawa, to ya za a yi da Jamus ta yau? Har yanzu gwamnati ce ke tara wa manyan ikkilisiyoyi harajin coci, kashi 8 ko 9 cikin ɗari a kan harajin da mamba yake biya, gwargwadon jihar da yake. Kuma bishop-bishop ɗinsu suna sukar gwamnati a fili a kan 'yan gudun hijira da sayar da makamai. Sun ci lada, bakinsu bai rufe ba.

Malam Bitrus: Wannan ma ba ladan gwamnati ba ne, Yohanna. Kuɗin mambobi ne, gwamnati 'yar aike ce, har ana biyanta ladan tarawa. A nan ita ce wanzamin.

Saratu: Ku yi haƙuri in sako wata. Idan ana wannan zance, abin da aka fi jefo mana shi ne "bin na gaba bin Allah", sai a haɗa da Romawa 13, cewa duk mai iko Allah ne ya naɗa shi. Wacce za mu bi? Ɗaya ta ce ka kiyayi hannun mai mulki, ɗaya ta ce ka bi shi.

Ɗalibin tauhidi: Mama Saratu, wannan ita ce tambayar da ta fi cin ran masana tauhidi a ƙarni na 20. A Jamus ɗin da Baba ya ambata, wata ƙungiya a cikin Furotesta ta rungumi Hitler hannu bibbiyu, tana ganin tashinsa aikin Allah ne. Waɗanda suka ƙi suka taru a garin Barmen a watan Mayu na 1934, suka fitar da shela mai sassa 6, masanin tauhidi Karl Barth ne ya rubuta yawancinta. Sashe na 5 bai kira gwamnati abokiyar gaba ba. Ya yarda Allah ya ɗora mata aikin tsaida adalci da zaman lafiya. Abin da ya ƙi abu biyu ne: gwamnati ta mai da kanta mai tsara dukan rayuwar ɗan Adam, da kuma ikkilisiya ta koma wani reshe na gwamnati. Wato na gaba yana da iyaka, domin shi ma akwai na gaba da shi. Manzanni ma da aka hana su wa'azi cewa suka yi wajibi ne su fi yi wa Allah biyayya a kan mutane, yana nan a Ayyukan Manzanni 5. Barth ya ƙi yin rantsuwar biyayya ga Hitler yadda aka tsara ta, ya rasa kujerarsa a jami'ar Bonn, ya koma Basel ta ƙasar Siwizalan a 1935.

A Afirka ta Kudu aka sake maimaita darasin. Babbar ikkilisiyar fararen fata ta daɗe tana nema wa wariyar launin fata hujja a cikin Nassi. A 1985 wasu masana tauhidi da fastoci suka fitar da takardar Kairos, suka kira wannan hali tauhidin gwamnati, suka nuna yadda ake karkatar da Romawa 13 don a sa wanda ake zalunta ya yi shiru. Abin da ya fi ba ni sha'awa, ba su tsaya a nan ba. Sun soki ikkilisiyoyin da ba su goyi bayan wariya ba amma kullum wa'azinsu sulhu, sulhu, ba maganar adalci.

Baba Ishaya: Ka yi karatu, ɗana. Sai dai ka ƙara da cewa shelar Barmen ba ta ce uffan a kan Yahudawa ba. Ikkilisiya ta kare ƙofarta, maƙwabci yana kuka a waje. Fasto Dietrich Bonhoeffer yana cikin 'yan kaɗan da abin ya dama tun 1933, kuma an rataye shi a watan Afrilu na 1945. Wannan ya sa na fara gyara maganata ta farko. Wani shirun ba lada ke sayensa ba, tsoro ne kawai, ko son a bar mu da namu.

Yohanna: To kun ga. Kenan raba coci da gwamnati ba shi ne maganin ba. Faransa ta yi dokar rabuwa a 1905, ta ce ba ta biyan albashin kowane addini, amma tsofaffin gine-ginen majami'u suka ci gaba da zama mallakar hukuma, har da Notre-Dame ta Paris. A Ingila kuwa bishop 26 ke zaune a majalisar dattawa, kuma an sha ganin suna adawa da dokokin gwamnati daga kan waɗannan kujeru. Ba wanda ya tsira daga taɓa hannun Kaisar.

Mama Lydia: Ni tun ɗazu ina karantawa, abin da ke damuna daban ne. Me ya sa muke sa gwamnati a matsayin kuturu, kamar kuturu shi ne abin gudu? Ubangijinmu ya miƙa hannu ya taɓa kuturu, ba wanda ya biya shi. Ba zan so in ji wannan karin magana daga kan bagade ba, alhali mai yiwuwa akwai wanda ya yi fama da ciwon yana zaune a cikin taro. A hira tsakaninmu, to. A wa'azi, a nemi wata.

Malam Bitrus: Mama, kin yi gaskiya, na karɓa. Amma maganarki ta tuna mini da wani abu da ban taɓa haɗawa ba sai yanzu. Akwai ladan kuturu na zahiri a 2 Sarakuna 5. Na'aman kuturu ne, kuma babban jami'in gwamnati, shugaban sojojin Suriya. Elisha ya yi masa aikin, ya warke, ya kawo dukiya, annabi ya rantse ba zai karɓi komai ba. Gehazi, baran Elisha, ya bi shi a guje da ƙarya, ya karɓo azurfa talanti 2 da riguna 2, sai kuturtar ta koma kansa. Elisha ya yi askin bai ci lada ba. Gehazi ya ci lada bai yi aski ba.

Ɗalibin tauhidi: Malam, wannan ya yi kusa da abin da Majalisar Vatican ta 2, babban taron bishop-bishop ɗin Katolika, ta faɗa a 1965: ikkilisiya ba ta dogara ga gatan da hukuma ke bayarwa, kuma a shirye take ta bar ko haƙƙin da ta samu ta halal idan riƙe shi zai sa a yi shakkar shaidarta. Akbishop Oscar Romero ya aikata wannan a El Salvador. Bayan an kashe abokinsa Fada Rutilio Grande a 1977, ya daina halartar bukukuwan gwamnati, har rantsar da sabon shugaban ƙasa bai je ba. Bai daina yi wa masu mulki magana ba, kujerar girma kawai ya ƙi. Ranar 23 ga Maris 1980 ya roƙi sojoji a wa'azi kada su bi umarnin kashe 'yan'uwansu, washegari aka harbe shi yana tsakiyar sujada. Akbishop Janani Luwum na Yuganda ma takardar ƙorafi ya kai wa Idi Amin a watan Fabrairu na 1977, bai ƙara wata guda a duniya ba.

Saratu: Waɗannan manya ne. Ni tambayata ta ƙasa ce. Ikkilisiya tana da asibiti, magani ya ƙare, hukuma ta kawo tallafi ba tare da wani sharaɗi a rubuce ba. A mayar, marasa lafiya su mutu don fasto ya tsira da bakinsa?

Baba Ishaya: A karɓa, 'yata, da rasit, da sanarwa a gaban jama'a, a asusun asibiti. Wanda nake tsoro shi ne ambulan da ake sa wa fasto a aljihu bayan addu'a, da motar da ake kawowa ana gab da zaɓe. Wannan ba a faɗin askin da za a nema, sai ranar ta zo.

Yohanna: Baba, ko mai rasit ɗin ma, shekara mai zuwa asibiti zai sake buƙata, kuma mai bayarwa ya san da haka.

Rifkatu: Na gode, iyayena. Na karanta wa maigida duka, ya ce Malam Bitrus ya ba shi gaskiya, ni kuma na ce Baba ya ba ni tawa. Mama Lydia, na ji gargaɗinki. Ranar Laraba zan tari dattijon nan in tambaye shi wane aski yake nufi, domin shi ne ma'ajin kwamitin gininmu.