Neman kalma kafin Asabar: "sweetener" da "sugar alcohol"

Uwar Biyu, Samaru: Assalamu alaikum. Jama'a a agaza, lokaci ya ƙure mini. Asabar da safe zan gabatar da shirin lafiya a rediyo kan masu lalurar hanji, waɗanda da sun ci wani abu sai kumburin ciki da ƙugi, yau zawo gobe maƙarƙashiya, a je asibiti kuma gwaji bai nuna komai ba. Baƙuwata ta ba ni takarda da Turanci kan tsarin abincin FODMAP, wato rage cin abubuwan da hanji ba ya tsotsewa sosai har su kumbura ciki, wanda masu bincike a Jami'ar Monash ta Ostireliya suka fito da shi a 2005. Na fassara komai, kalmomi biyu suka tsaya mini a maƙogwaro: "sweetener" da "sugar alcohol". Ta biyun na rubuta "barasar sukari", na karanta wa maigida, ya ce in na kuskura na faɗi haka, ran Juma'a da ni za a yi huɗuba.

Ɗan Tudun Wada: Wa alaikumus salam. Ta farko ai mai sauƙi ce, Hajiya: kayan zaƙi.

Uwar Biyu, Samaru: Kayan zaƙi kuma? Mai sauraro alawa da nakiya da alkaki zai gani a ransa. Ni abin da ake zubawa a shayi ko kunu nake nufi.

Malam na Ƙofar Doka: Ba sai an yi nisa ba, harshen ya tanadi hanya. Faɗi, faɗaɗa. Kaifi, kaifafa. Zafi, zafafa. To zaƙi, zaƙaƙa. A ɗora masa "ma" irin ta mabuɗi da maƙulli, ga kalma ta fito: mazaƙaƙi, jam'i mazaƙaƙai. Shekara uku ke nan ina koya wa ɗalibaina ita.

Bakano a Sabon Gari: Allah gafarta Malam, na gwada faɗinta sau uku a jere, saura kaɗan in ƙware da shayi. Mai zoɓo a bakin kasuwa sakarin take cewa, kowa kuma ya gane.

Anti Mai Awon Abinci: Ƙanwata Uwar Biyu, kada ki ɗauki sakarin a matsayin sunan duka, iri ɗaya ne kawai cikinsu, kuma ba ya ma cikin waɗanda tsarin nan ya ce a rage. Shi da sitibiya da sukuralos da asfatam ba su ne ke kumbura ciki ba. Masu laifin su ne sobitol, manitol, zailitol, maltitol, irin da ake sa wa cingam da alawar da aka rubuta babu sukari a jikinsu. Ƙaramin hanji ba ya tsotse su sosai, sai su jawo ruwa, su gangara babban hanji, bakteriya su hau kansu su yi ta fitar da iska, kamar ƙullun waina da ya kwana ya tashi. Shi ya sa wasu fakitin ke gargaɗin cewa yawan ci na sa zawo. Kuma babu ɗigon abin sa maye a ciki, sunan daga fasalin sinadarin ya samo asali. Don Allah ki goge barasar nan.

Malam na Ƙofar Doka: Madalla. Sai a ce mazaƙaƙai masu kumburi da mazaƙaƙai marasa kumburi. An gama. Sannan ina roƙo, a daina rubuta "suga" kamar yadda na ga wasu na yi. Sukari ita ce Hausa.

Bakano a Sabon Gari: Sukari Larabci ce fa, Malam, sukkar. Larabawan ma wajen Farisawa suka aro, su kuma daga Indiya. Aro dai aro ne, ko da rawani ya zo ko da malafa.

Malam na Ƙofar Doka: Baƙon da ya shekara ɗaruruwa a gida ya zama ɗan gari. Kuma ba Bakano ne zai koya wa Bazazzagi rubutun Hausa ba. A garin nan aka fara buga Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939.

Bakano a Sabon Gari: A garinku aka buga, da Hausarmu aka rubuta. Daidaitacciyar Hausa a kan karin wa aka gina ta?

Ɗan Tudun Wada: To fa, an taɓo inda yake wa kowa ƙaiƙayi.

Uwar Biyu, Samaru: Iyayena, na roƙe ku, gobe Juma'a. Ku bar Kano da Zazzau su huta. Me za ku ce da "madadin sukari"?

Anti Mai Awon Abinci: Ya yi wa su sakarin da sitibiya daidai. Inda zai ba ki wahala shi ne zuma, don takardar nan na tabbata ta ambace ta. Abin da zai ɗaure wa masu sauraro kai: a wannan tsarin farin sukari, in ba a cika ba, ya fi zuma sauƙi a ciki. Sukari rabinsa gulukos ne rabi furuktos, gulukos ɗin ke taimaka wa ɗan'uwansa ya shige jini. A zuma furuktos ya rinjaya, rarar ita ke saura a hanji. Haka mangwaro da kankana. Mazarƙwailar da ake kawo mana daga wajen Maƙarfi ruwan rake ce, yawancinta irin farin sukarin nan ne, a gwada kaɗan a ga yadda ciki ya karɓa.

Baba Alaramma, Limancin Kona: 'Yata, a yi hattara da maganar zuma. Allah ya ce akwai waraka a cikinta ga mutane, yana nan a Suratun Nahli.

Anti Mai Awon Abinci: Gaskiya ne Baba, Allah ya ƙara girma. Ba wanda ya ce zuma cuta ce. Ragewa ake yi na mako 2 zuwa 6, sannan a riƙa dawo da abubuwan ɗaya bayan ɗaya don a gano wanda cikin mutum ba ya so. Wani zai tarar zuma ba ruwanta, albasa da wake ne ke wahalshe shi. Uwar Biyu, ki kuma nanata cewa wannan ba shawarar masu ciwon sukari ba ce, kada wani ya ji rabin magana ya cika kofi da cokali biyar.

Ɗan Tudun Wada: Kalma ta biyun fa, "sugar alcohol", tunda duk da "ol" suke ƙarewa, me zai hana a ce dangin sobitol? Mutum ya juya bayan fakitin cingam ya duba da idonsa.

Malam na Ƙofar Doka: Wannan ba fassara ba ce, gudun aiki ne.

Uwar Biyu, Samaru: Gudun aikin zan yi, Malam, a yi mini afuwa. Ga abin da na rubuta: "abin sa zaƙi" idan har da zuma da mazarƙwaila ake nufi, "madadin sukari" ga su sakarin, "dangin sobitol" ga masu kumbura ciki. FODMAP kuwa zan faɗe shi sau ɗaya yadda yake, daga nan in ci gaba da cewa "tsarin".

Malam na Ƙofar Doka: Kalmomi uku inda ɗaya ta isa. Ba komai, shirinki ne. Amma ko sau ɗaya ki ce "wanda wasu malamai ke kira mazaƙaƙi".

Bakano a Sabon Gari: Wasu malamai su nawa, ranka ya daɗe?

Uwar Biyu, Samaru: In harshena bai sarƙe ba zan faɗa. Anti, madara fa, in ce laktos ko sukarin nono?