"Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi": har da littafi?

Ɗan Fagge: Assalamu alaikum jama'a. Wata magana ce ta tsaya mini a rai tun ranar Asabar. An yi zaman marubuta a nan Kano, wani malamin jami'a ya gabatar da takarda a kan littafin wata Hajiya, ita kuma tana zaune a sahun gaba. Malam ya yi ta zuba: wai littafin tawaye ne ga danniyar maza, wai rijiyar da ke tsakar gidan alama ce ta zurfin cikin 'ya mace. Da aka miƙa mata lasifika sai ta gyara mayafi ta ce, "Malam, Allah ya saka da alheri, amma waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Rijiyar nan rijiya ce, a gidanmu take, har gobe ana jan ruwa." Wuri ya kaure da dariya. Ran Malam ya ɓaci, ya ce littafi in ya fito daga maɗaba'a ya bar hannun mai shi, ita ma yanzu mai karatu ce kamar kowa. Saura ƙiris a tashi baram-baram. To, a muhallinta Hajiya ta sa karin maganar, ko kuwa?

Maman Hanifa: Wa alaikumus salam. A muhallinta mana. Ni na haifi ɗa, ka zo ka faɗa mini sunansa?

Malam Na-Samaru: Hajiya Maman Hanifa, a yi haƙuri. Cewa aka yi ta fi daɗi, ba a ce ta fi gaskiya ba. Kuma inda na saba jin ana faɗarta shi ne in mutum ya fara ba da labari alhali mai labarin yana wurin, sai a ce bari ya faɗa da bakinsa. Girmamawa ce. Ba sanda ba ce ta rufe wa mai nazari baki.

Baba Tsoho: Sanda ce mana, in an ga dama. Ni a kotun alƙali na fara jin ta, wani ya zo yana yi wa ɗan'uwansa bayani, alƙali ya tsawatar masa da ita.

Malam Na-Samaru: To Baba, in muka bi ta haka, Chinua Achebe ma da sai ya yi shiru. A 1975 ya tsaya a wata jami'a a Massachusetts ta Amurka, ya ɗauki littafin Joseph Conrad a kan Kwango, wanda Turawa suka daɗe suna karantarwa suna yabo, ya ce mutumin nan mai wariyar launin fata ne. Conrad ya mutu tun 1924, ba damar a tambaye shi. Waƙar Conrad ce, amma a bakin Achebe aka ji abin da ke cikinta.

Ustaz Ɗan Gombe: Allah gafarta Malam, ai ka kawo hujjar da ta ci ka. Wa aka yi wa waƙar? Mu aka yi wa. Achebe ne mai ita a nan. Shi da kansa ya sha faɗin cewa littafin Joyce Cary na 1939, wanda ya zana wani akawu ɗan Najeriya a matsayin wawa mai washe baki, yana cikin abin da ya tunzura shi ya rubuta nasa na 1958. Cary kuwa jami'in mulkin mallaka ne, ya yi aiki a Borgu, ya zauna da mutane, amma baƙo ko da ido makaho ne.

Kwamared Sabo: Jama'a ku bar Conrad ya huta a kabarinsa. Akwai wani mai girma a jiharmu da ya ƙaddamar da tarihin rayuwarsa shafi ɗari huɗu, da hannu ɗaya ba ka ɗaga shi. Ɗan jarida ya tambaye shi abin da ke babi na uku, ya waiga yana neman mai taimaka masa. To shi wannan waƙarsa a bakin wa take?

Maman Hanifa: A bakin wanda ya karɓi kwangila.

Na Goggo: Ku bar ni in ba ku labarin kakata, Allah ya jiƙanta, don da idona na gani. Muna wani ƙauye a ƙasar Funtuwa, ina firamare, ba a daɗe da soke haraji da jangali ba, 1979 ke nan da 'yan kai. Wani ɗalibi ya zo daga jami'a da rikoda mai cin manyan batura, yana neman waƙoƙin niƙa. Aka ce masa duk garin ba kamar Goggo.

Aka shimfiɗa mata tabarma a zaure, ya danna rikoda, ta dube shi ta ce ita ba ta iya waƙa a zaune hannu sake. Waƙar ba ta zuwa sai da dutse. Ga shi lokacin injin niƙa ya shigo gari, dutsenta yana bayan ɗaki kaji na kwana a kai. Haka aka wanko shi, ɗalibi ya ciro kuɗi aka auno gero, ta durƙusa, ta ɗaure zani a ƙirji. Sai da ta yi gurza uku huɗu kafin murya ta fito. In ta tura ɗan dutsen gaba ta ja baiti, in ta dawo da shi ta numfasa. Abin da na riƙe shi ne:

Mai zuwa da safe ba sallama,
Ya auna rumbu da ido,
Damina tawa, kaka tasa.

Ɗalibi ya kusa tashi sama don murna. Ya ce, "Goggo, da mai karɓar haraji kike, ko?" Ta ci gaba da niƙanta, ba ta ce e ba, ba ta ce a'a ba. Abin da bai lura da shi ba, ƙanin kakanmu yana zaune a bakin zaure yana cin goron da aka kawo. Mutumin nan bai taɓa riƙe fartanya da gaske ba, amma duk kaka sai ya zo da jaki da buhu biyu. Duk gidan an san da wa take. Matan gida suna bayan zana suna toshe baki da gefen zani.

Kwamared Sabo: Shi ƙanin bai gane ba?

Na Goggo: Har kai yake gyaɗawa, yana cewa wallahi Turawa sun zalunci talaka.

Ku tsaya, ban gama ba. Bayan shekara ɗalibi ya dawo da kundinsa an yi masa bango mai kauri, ga turmin atamfa, ga ƙwaryar goro. Ya karanta mata wurin da ya rubuta cewa waƙarta muryar talaka ce a kan zaluncin En'e. Goggo ta shafa atamfar nan ta ce, "Haka ne ɗan nan, Allah ya yi maka albarka, haraji ne." Da ya tafi mahaifiyata ta ce, "Goggo, yaushe ya zama haraji?" Ta ce, "Wanda ya kawo atamfa ai ya fi ni sanin ma'ana."

Maman Hanifa: Wayyo cikina! Allah ya jiƙan Goggo. Amma ka ga ai maganata ce ta fito. Mai ita ta san abinta, malamin ne ya yi ta shirme.

Na Goggo: Anti, ki bari in ƙarasa. Ranar sadakar bakwai ɗinta wata ƙawarta, tsohuwa tukuf, ta ce waƙar ba ta Goggo ba ce. A bakin uwar riƙonta ta tsince ta, ita kuwa waccan da yaron dagaci take, mai zagayawa da takardar haraji yana leƙa rumbunan mutane. Goggo aro ta yi ta jefi ƙanin miji da ita.

Malam Na-Samaru: Allahu akbar. Ke nan ɗalibin ya faɗi daidai bisa kuskure.

Baba Tsoho: Ko kuma ita ma tsohuwar an kai mata atamfa.

Ɗan Damagaram: Sannunku 'yan'uwa na Najeriya. Mu ma muna da irinta a nan. A 1899 sojojin Faransa na Voulet da Chanoine suka afka wa Lugu, can wajen Dogon Dutsi, garin Sarauniyar Azna. A 1980 Abdoulaye Mamani ya rubuta littafi a kanta da Faransanci, ya mai da ita jarumar yaƙi da mulkin mallaka, Med Hondo ya yi fim da shi a 1986, fim ɗin ya ci babbar kyautar FESPACO, bikin fina-finan Afirka, a Wagadugu a 1987. Yanzu 'yan lakwal Sarauniyar Mamani suka sani. Masu bincike da suka bi tsofaffi da takardun Faransawa sun nuna cewa abu mai yawa shi ya ƙaga da alƙalaminsa. To wa ke da waƙar, mutanen Lugu ko Mamani? Ni dai ta Mamani ta fi mini daɗi, kuma na san ba shi ne mai ita ba.

Ustaz Ɗan Gombe: Daɗi kam ƙarya ma tana da shi.

Ɗan Damagaram: Ustaz, ƙagaggen labari ba ƙarya ba ne, bai ce maka tarihi yake rubutawa ba.

Malama 'Yar Zariya: Ni abin da ke ba ni haushi daban ne. A 1962 aka tara marubutan Afirka a jami'ar Makerere ta Yuganda, amma taron na masu rubutu da Ingilishi ne. Fagunwa yana raye yana rubutu da Yarabanci, Abubakar Imam ma yana raye, ba da su aka yi ba. Shekara ta zagayo Obi Wali ya rubuta a mujallar Transition cewa adabin Afirka da harshen Turawa hanya ce da ba ta ɓullewa. Ngugi, marubucin Kenya, wanda ya halarci taron yana ɗalibi, daga baya ya koma rubutu da harshensu na Kikuyu, har a kurkukun Kamiti a 1978 ya rubuta littafi a takardar bayan gida. Mu kuwa har yau ɗalibi zai yi nazarin littafin Hausa, ya rubuta kundin da Turanci, marubuciyar ba za ta iya karanta abin da aka ce a kanta ba. Da wane harshe malamin nan ya gabatar da takardarsa, Ɗan Fagge?

Ɗan Fagge: Da Hausa, amma rabi duk sunayen Turawa ne.

Malam Na-Samaru: Tunda kin ambaci Imam, Malama, shi ne babbar hujjata. Manazarta sun bi labaran Magana Jari Ce ɗaya bayan ɗaya, sun gano tushen da yawa a Alfu Laila da tatsuniyoyin Jamus da wasu littattafan da Baturen nan Rupert East ya tara masa a ofishin talifi na Zariya. Amma wa ya taɓa karantawa ya ji baƙunci? Ga waƙar wasu ta fi daɗi a bakin wanda ya ara.

Baba Tsoho: Kai yaro, Imam ka ce ya ara? A aji uku aka karanta mana, har yau ina jin muryar aku a kunnena. Ku 'yan jami'a ba abin da kuka iya sai tone-tone.

Malama 'Yar Zariya: Baba, ba zagi ba ne, yabo ne. Kuma ba yau aka fara wannan faɗan ba. Shekarun 1990 Ibrahim Malumfashi ya kira littattafan soyayya adabin kasuwar Kano, Abdalla Uba Adamu da Yusuf Adamu suka tsaya musu, aka yi ta gwabzawa a shafin adabi na New Nigerian da Ibrahim Sheme ke kula da shi. Marubutan suka ji zafi, suka ce ana raina su. Amma faɗan nan ne ya sa aka fara ɗaukar su da muhimmanci. Ga shi littafin Balaraba Ramat Yakubu na 1990 har an fassara shi da Ingilishi, wani kamfani a Indiya ya buga a 2012.

Kwamared Sabo: Gara masu faɗa da alƙalami. A 2007 a Kano tara littattafan aka yi a wata makarantar 'yan mata aka cinna musu ashana, manya na tsaye ana ɗaukar hoto. Wannan shi ne nazari mafi sauri da aka taɓa yi, ko bango ba a buɗe ba.

Ustaz Ɗan Gombe: Kwamared, wasu littattafan kam sun cancanci a duba su, kar mu yaudari kanmu. Ina da 'ya'ya mata.

Kwamared Sabo: A duba na ce ni ma, Ustaz. Dubawa da karatu ake yi. Kuma masu kishin tarbiyyar nan, in zaɓe ya zo, su ne ke hayar mawaƙa su zagi uwar abokin hamayya. Bana a yi wa wannan waƙa, baɗi a cire sunansa a sa na wanda ya kayar da shi, kiɗa bai canza ba.

Shugaban Zaure: Jama'a a kiyaye, ban da siyasa. Kwamared, gargaɗi na biyu ke nan.

Kwamared Sabo: Ranka ya daɗe, ban kama suna ba. Wanda ya tsargu dai.

Maman Hanifa: Ni duk kun ruɗa ni. Na Goggo, kaset ɗin nan yana nan? Ina so in ji muryarta.

Na Goggo: Ya bar mana kwafi ɗaya, amma ƙarar dutsen ta danne muryar, sai ka kasa kunne sosai. Daga baya wani yayana ya ɗauki waƙoƙin Indiya a kai.

Malama 'Yar Zariya: Innalillahi! Kundin fa? Ka tuna shekarar da sashen? In yana ɗakin karatu zan sa a nemo.

Na Goggo: Sai na tambayi mahaifiyata. Atamfar dai na san ƙanin kakan namu ne ya karɓe wa amaryarsa.