Neman kalma kafin Asabar: "graveyard recursion" da "land ramp"

Ɗan Gwammaja: Assalamu alaikum jama'a. Ina neman agaji, lokaci ya ƙure mini. Ranar Asabar zan ɗauki bidiyo da Hausa a kan wasan katin nan Magic: The Gathering, wanda Richard Garfield ya ƙirƙiro, kamfanin Wizards of the Coast ya fitar a 1993. A nan Manchester na koye shi, duk daren Juma'a mukan zauna mu huɗu a wani shago mu buga. Na aika wa ƙannena dami biyu a Kano, sun juya su sun juya, sun kasa gane gaba balle baya.

Salon da muke bugawa shi ne Commander: kowa da damin kati 100, ba a maimaita kati in ban da filayen asali, kowa kuma yana farawa da rai 40. Na riga na sa wa deck "dami", land "fili", battlefield "fage". Biyu ne suka tsaya mini a wuya.

Na ɗaya, ramp. Doka ita ce fili ɗaya kake ajiyewa a kowane zagaye, filayen nan kuma su ke ba ka abin biyan sauran katuna. To akwai katunan da ke sa ka riga kowa. In ka jefa Rampant Growth, mai ɗauko maka ƙarin fili daga dami, a zagaye na biyu, a na uku kana da fili huɗu, abokanka suna da uku. Na biyu, graveyard recursion: katin da ya gama aiki aka ajiye gefe, ka koma ka ɗauko shi ya sake yin aiki, wani lokaci sau biyar sau shida. A wasan mutum huɗu abin nan shi ne rayuwa, don kai ɗaya kake fuskantar hannu uku, kuma ba wuya wani ya jefa Wrath of God ya share duk mayaƙan da ke fage. Wanda ya tara filaye, ya kuma iya ɗauko abin da ya rasa, shi ke farfaɗowa da wuri. Me zan kira su?

Tsohon Hedimasta: Wa alaikumus salam. Yaro, na biyun ai ba ya buƙatar shawara. Graveyard maƙabarta ce. Sai ka ce "komowa daga maƙabarta", ka wuce.

Antin Fassara: Allah ya gafarta Malam, a takarda haka ne. Amma ku tuna wa zai kalla. Yara ne a tsakar gida, waya a hannu, mahaifiyarsu na tankaɗe a gefe. Ta ji an ce "yanzu zan tayar da shi daga maƙabarta", wallahi a ranar katunan za su shiga murhu. Dama ana kallon duk wani kati da idon karta da caca, ga kuma tayar da matattu a kai. Ƙanena, wata tambaya: matattu ne kaɗai ke zuwa wurin?

Ɗan Gwammaja: A'a Anti. Har Rampant Growth ɗin da na faɗa, da ya gama aikinsa can zai tafi. Katin da ka yar daga hannu ma can, fili in an lalata shi ma can. A buɗe suke kuma, kowa na da ikon ɗauka ya duba. A wasan Pokémon irin wannan wurin discard pile kawai suke ce masa.

Antin Fassara: To ka gani. Wurin da ake zuba abin da ya gama amfani, kowa na ganinsa, mai wayo kuma ya zo ya tona ya sami abin amfani. Juji ke nan. Recursion kuwa "tonon juji". Ko ma ka ce "jari-bola", kowane yaro a Kano ya san su da buhu a kafaɗa.

Tsohon Hedimasta: Subhanallahi. Harshen da aka buga Gaskiya Ta Fi Kwabo da shi tun 1939, BBC ke watsa labarai da shi tun 1957, yau a rasa abin da za a nuna wa duniya sai bola? Ba zan sa hannu a wannan ba.

Ɗan Maraɗi: Ni a Lyon na fara wasan, da katunan Faransanci. Su "cimetière" suka rubuta ɓaro-ɓaro, land kuma "terrain", saboda haka filinka ya yi daidai. Ina bayan Malam a kan maƙabarta. Dubi sunayen katunan mana: Entomb, Buried Alive, Animate Dead. In ka ce juji, wa ake binnewa da rai a juji? Labarin wasan gaba ɗaya ya rushe.

Baffan Gona: Ku yi haƙuri na shigo a makare, ina gona. Duk kun bar kalmar a baya. GYAURO. Ka girbe dawarka, ka ɗaure, ka kai rumbu, ka ɗauka an gama. Ruwan farko na sauka sai ka ga ta tsiro da kanta daga ƙwayar da ta zube bara. Abin da aka yi zaton ya ƙare ya dawo ya sake ba da amfani. Ba maƙabarta, ba bola, ba wanda zai tsorata, ba wanda zai ji ƙyama. Wasa ne na filaye, to a ba shi kalmar manoma.

Antin Fassara: Baffa, kalmar ta yi daɗi a baki, amma gyauro ba wanda ya shuka shi, ba wanda ya zaɓe shi. Yadda yaron nan ya yi bayani, ɗan wasa ne ke miƙa hannu ya zaɓi abin da yake so.

Ɗan Gwammaja: Haka ne. Bari in nuna muku abin da nake bugawa. Katin da ke jagorantar damin nawa Meren of Clan Nel Toth ce. Ina da wani ƙaramin kati, Sakura-Tribe Elder, kuɗinsa biyu. In na sadaukar da shi, sai in ɗauko filin asali daga dami in ajiye shi a kishingiɗe, wato ba zai yi aiki nan take ba. Mutuwarsa ta sa Meren ta ƙara mini alama ɗaya. A ƙarshen zagayena Meren ta ba ni damar zaɓar mayaƙi ɗaya daga wancan wurin: in alamomina sun kai kuɗinsa ya dawo fage kai tsaye, in ba su kai ba ya dawo hannuna. Sai in sake sadaukar da shi. Kowane zagaye ƙarin fili. Makon jiya da haka na kai fili goma sha ɗaya lokacin da na kusa da ni ke da bakwai. Kun ga dabarun biyu a kati ɗaya suka haɗu, shi ya sa nake son kalmomin su zauna da juna.

Baffan Gona: To ai ka faɗa da bakinka, kowane zagaye yana sake tsirowa. Gyauro ne.

Ɗan Maraɗi: In na manoma ake so wadda mutum ke yi da niyya, akwai kala. A koma gona bayan girbi a tsinci abin da ya rage.

Antin Fassara: Wasan na da kala biyar: fari, shuɗi, baƙi, ja, kore. Na san ɗaya kalan gero ne ɗaya kalar riga, sauti ma ya bambanta, amma yaro zai ji "kala" sau talatin a bidiyo guda ya rikice. Roro ya fi tsira, sai dai 'yan birni nawa suka san roron gyaɗa?

Baffan Gona: Laifin wa ke nan? Yaran birni sun san sunan kowane ɗan ƙwallon Arsenal, ba su san gyauro ba, sai mu bi su mu zubar da kalmominmu? Da haka harshe ke mutuwa. Ni ba daga ƙamus na ɗauko ba, daga bakin kakata na ji. A sa gyauro, su tambaya, a gaya musu.

Tsohon Hedimasta: A nan ina tare da kai, Alhaji. Amma fassara amana ce. Mai abu ya ce maƙabarta, kai ka ce juji don gudun ɓacin ran wani, ka canja masa magana. Mun ga yadda aka yi ta fama da "na'ura mai ƙwaƙwalwa", ƙarshe mutane suka koma kwamfuta. Kalmar da aka lanƙwasa don daɗaɗa wa mutane ba ta daɗewa.

Antin Fassara: Ranka ya daɗe, misalin nan ni yake mara wa baya. Mutane sun ɗauki abin da bakinsu ya saba da shi. Shekara goma sha biyu ina wannan aiki, ban taɓa ganin kalmar da ta rayu don kawai ta yi daidai da Turanci ba.

Ɗan Maraɗi: Kuma a riƙa tunawa ba Kano kaɗai ake Hausa ba. Jari-bolarku ba kowa ya san ta a wajenmu ba.

Ɗan Gwammaja: Don Allah iyayena, ramp fa? Ba wanda ya taɓa shi, ga Alhamis ta yi.

Baffan Gona: Binne. Ka shuka a busasshiyar ƙasa kafin ruwa ya sauka, ranar da aka yi ruwan farko kai taka ta riga ta maƙwabta tsirowa. Sakkwatawa su ce bizne. Rigaye ke nan.

Ɗan Maraɗi: Baffa, ma'anar ta yi, amma a wasan da ake gardamar maƙabarta? Duk wanda ya ji "na yi binne" zai ɗauka kati ka tura can. Hasali ma akwai wannan dabarar: Entomb ɗauko kati yake daga dami ya ajiye shi can da gangan, don a tono shi daga baya. Wannan ne binne na gaskiya, iri ne ka ɓoye kana jiran ruwa. A bar masa kalmar.

Antin Fassara: Madalla, wannan ta zauna. Ramp kuma ni sassabe nake gani. Ka shiga daji tun rani ka sare, ka ƙara faɗin gonarka, ka wahala yanzu ba ka girbi komai ba, damina ta zo ka fi kowa. Ba haka ba ne, kana ɓata zagaye na biyu ba ka ajiye mayaƙi ba don gaba ta yi kyau?

Ɗan Gwammaja: Shi ne daidai, Anti! Har katin Cultivate da ke ba da fili biyu, ɗaya a fage ɗaya a hannu, sunansa ma noma ne. "Na yi sassabe a zagaye na biyu." Ya shiga baki.

Tsohon Hedimasta: Da "sammako" na so in kawo, amma sassabe Hausa ce tsantsa. Na yarda da wannan kaɗai.

Ɗan Gwammaja: Baffa, na tuna da wani kati da zai faranta maka. Bloodghast, na 2009. In yana can gefe, duk lokacin da ka ajiye fili yana iya dawowa fage, ba ka biya komai ba. Fili ya sauka, shi ya tsiro. Irin waɗannan zan kira gyauro. Wanda ake miƙa hannu a zaɓo kuwa, irin Eternal Witness ko Life from the Loam mai dawo da filaye har uku hannu, zan ce "tono". Wurin kansa zan faɗa sau ɗaya a farkon bidiyo cewa masu wasan maƙabarta suke kiransa, daga nan in ci gaba da juji.

Tsohon Hedimasta: Ka raba ƙafa ke nan. Bidiyonka ne. Amma in za ka rubuta a ƙasan hoton, ka rubuta maƙabarta, kuma ka sa ƙ mai lanƙwasa.

Baffan Gona: An ba ni kwata an hana ni sa. Ba komai. Ka saki bidiyon, mu ga wadda yaran za su riƙe tsakanin tono da gyauro. Ni na san amsar.

Ɗan Maraɗi: Saura exile. In wani ya ajiye maka Bojuka Bog ya kwashe jujin naka gaba ɗaya ya fitar daga wasa, me za ka ce ya yi?

Ɗan Gwammaja: Wannan sai bidiyo na biyu, Yaya. Yanzu rubutun na farko zan je in gyara. Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri.