Neman kalma: yaya za mu ce "set-off" da Hausa?

Hajara: Assalamu alaikum. Gobe da safe ina da shiri a rediyo kan shari'o'in ma'aikata da wuraren aikinsu. Mutum ya ci bashin mota ko na gida a wurin aiki, bai gama biya ba ritaya ta zo, sai su ce za su yi "set-off" da garatutinsa. Kalma nake nema wadda zan yi ta maimaitawa ba tare da harshe ya sarƙe ba. A taimaka kafin dare.

Sadiƙu: Cirewa mana. Ko zaftarewa.

Barista Rabi: Wa alaikumus salam. Cirewa ta yi faɗi, haraji ma cire shi ake yi. Zaftarewa kuwa kin yanke hukunci ke nan, mai sauraro zai ji an yi zalunci tun kafin alƙali ya yi magana. Abin da ake nufi shi ne mutum biyu kowa yana bin kowa, sai a kashe ƙaramin bashin a cikin babban, a biya ragowar. Rigimar ma a nan take. Garatuti wurin aiki ne ke biya, don haka suna iya cewa muna binka kana binmu. Kuɗin fansho kuwa galibi yana hannun wani asusu dabam, wanda ba shi ya ba ma'aikacin rancen ba. Ban da haka, dokar fansho ta Amurka ta 1974 ta hana a jinginar da fansho ko a miƙa shi ga mai bin bashi, ta Afirka ta Kudu kuma a sashe na 37D ta lissafa 'yan abubuwan da aka yarda a cire, kamar rancen gida.

Malam Ɗanjuma: Allah ya ba ki lada Barista. To ai malamanmu sun gama wannan aiki tuntuni. Sunanta muƙassa. Fasali guda gare ta a littafin fiƙihu na Muhtasar na Halil, da sharuɗɗanta: jinsin bashin, yawansa, da ko lokacin biya ya yi.

Sadiƙu: Allah gafarta Malam, tsohon masinjan da aka riƙe wa kuɗi zai gane muƙassa?

Baffa Mai Nahawu: Larabci ne wannan, mun gudu daga aro mun faɗa aro. Ni na daɗe da ƙirƙiro kalmar: bashi-ci-bashi. Ginin Hausa ne tsantsa, irin na faɗi-tashi da ka-ce-na-ce. Kuma ɗiyata Hajara, garatuti ɗin nan a bar shi. Kuɗin sallama ake cewa.

Malam Ɗanjuma: Baffa, shari'a, alƙali, hukunci, hujja, daga ina suka zo? In za a kori Larabci sai a rufe kotun.

Baffa Mai Nahawu: Waɗancan sun kwana sun tashi a bakin mutane. Taku a cikin littafi take kwance. Bashi-ci-bashi kuwa ko yaro ya ji ya gane.

Ummi: Ni dai da na ji ta, na ɗauka mutum ne ya ci bashi don ya biya wani bashin.

Baffa Mai Nahawu: Laifin kunnen 'yan boko ne wannan. Kun saba sai abu ya fito daga jami'a ko gidan rediyon waje sannan ku ce Hausa ce.

Sadiƙu: To canjaras fa?

Barista Rabi: Canjaras sai in sun yi daidai wa daida, nan kuwa kusan kullum akwai ragowa. Hajara, ki kuma kula kada ki haɗa ta da ƙwacewa. Ƙwacewa horo ne kan laifi. Haka nan kotu ta sa a riƙe kuɗi saboda wani mai bin bashi, wannan ma dabam ne, shi ne tsohuwar dokar garatuti ta Indiya ta 1972 ta hana a sashe na 13. Lauyoyin ma'aikata kan kafa hujja da irin wannan kariya, na wurin aiki kuma su ɗago takardar rancen su ce ga sa hannunsa, ya yarda a cire.

Baffa Mai Nahawu: Duk bayanin nan bashi-ci-bashi ya ɗauke shi a kalma guda. Ba a so ne kawai don daga bakina ta fito.

Hajara: Baffa ka yi haƙuri, ba raini ba ne. Na gwada su duka da ƙarfi. Zan buɗe da "kashe bashi da bashi", in ce malaman fiƙihu na kiransa muƙassa, sannan in ci gaba da ta farkon. Garatuti kuma zan bar shi, don kuɗin sallama ya haɗa har da na wanda aka rage daga aiki.

Malam Ɗanjuma: Ba laifi, tunda za a ambace ta. A dai ja "s" ɗin da kyau.

Baffa Mai Nahawu: Tawa ce aka warware aka ƙara mata "da". Ku je ku yi. Amma maganar garatuti ba mu gama ba.