Me ya sa mutanen gajerun finafinan Girka ba sa magana da juna?

Ɗan Kallo:
Assalamu alaikum. Kwanan nan na tsunduma kallon gajerun finafinan Girka, kuma wani abu ya ɗaure mini kai. Mutum zai shigo gida, ya buɗe firji, ya rufe, ya fito baranda ya zuba wa ginin gabansa ido, shi ke nan fim ya ƙare. Ba maƙwabci, ba mai sallama. Haka rayuwar Atina, babban birnin ƙasar, take, ko salon daraktoci ne kawai?

Mazaunin Kipseli:
Wa alaikumus salam. Akwai salo, amma ba ƙarya suke yi ba. Daga shekarun 1950 zuwa 1970 mutanen karkara suka yi ta kwarara Atina. Mai fili ya miƙa wa magini filinsa, magini ya tayar da bene hawa biyar ko shida, ya biya shi da gidaje a ciki. Haka birnin ya cika da benaye manne da juna. A irinsu nake zaune, a unguwar Kipseli. Sunayen maƙwabtana a jikin ƙararrawar ƙofa na san su. Wata tsohuwa muna haɗa bango, kullum ina jin talabijin ɗinta har ƙarfe biyun dare, ɗanta yana Jamus tun lokacin rikicin bashin da ƙasar Girka ta shiga. A 2013 sama da rabin matasan da ke neman aiki ba su samu ba, da yawa suka fice. Ka zo a watan Agusta, lokacin da masu hali ke tafiya tsibirai, ka ga waɗanda aka bari.

Mai Kyamara:
Kar ku manta da aljihu. Ɗaki ɗaya da ɗan wasa ɗaya sun fi taron biki araha. Ni wani lokacin shirun nan yana gundurata, kamar an kwafi juna.

Mazaunin Kipseli:
Malam, ba duka ba. Wanda darakta Vasilis Kekatos ya ci babbar kyautar gajeren fim da shi a bikin finafinai na Cannes da ke Faransa a 2019, baƙi biyu ne suka haɗu a gidan mai da dare, kuma hira ce ta riƙe shi har ƙarshe. Ɗan Kallo, ka nemi waɗanda aka nuna a bikin gajerun finafinai na garin Drama da ke arewacin ƙasar. Tun 1978 ake yin sa, yawanci a watan Satumba.

Ɗan Kallo:
Na gode. Ana samun su da rubutacciyar fassara a ƙasan allo kuwa?